Ƙwan fitila ya kusa raba ni da motata

Allah ya ƙara wa majalisar layinmu ilimi, masana ne na gaske! Jiya dim ɗin fitilar motata ya mutu, ga shi zan ɗauko Hajiyarmu daga Kurfi bayan magariba.

Alhaji Sule na majalisar ya leƙa, ya girgiza kai: "Wayarin ne ya ƙone kaf. Rabu da ita kawai." Har ya taya motar.

Na kai wa Baba Idi mai gyaran wutar mota. Ya zaro ƙwan fitilar, sai ga shi ya yi baƙi ƙirin. Ya ce min:

"Alhaji, ƙwai ne kawai. Goge maiƙon ƙosan da ke hannunka kafin ka taɓa sabon."

Aka sa sabon ƙwan, haske tar! Muka dawo Dutsin-Ma lafiya, alhamdulillahi.

Jama'a, wanda ya kushe motarka kuma ya taya, shawara ya ba ka ko ciniki yake?