Jinginar Gidan Babanmu

Ni mai walda ne, karatuna bai wuce firamare ba. Abin da na sani game da jingina shi ne abin da na gani a ƙauyen kakanninmu: mutum ya ba da gonarsa ya karɓi kuɗi, duk ranar da ya samu ya je ya fanshi abarsa. Ko ya mutu, jikansa zai iya fansa. Ba wanda ya taɓa gaya mini ta banki daban ce.

Babanmu ya rasu shekarar da soja suka miƙa mulki, ya bar mana gida a Dutsen Kura, ni da yayana da Inna. Takardar gidan tana hannun Yaya, tunda shi ne babba. Ba a daɗe ba wasu mutane suka zo a mota, suka ce Yaya ya jinginar da gidan a banki, kuma bai biya ba. Suka nuna mini inda wai na sa hannu na yarda. Ni ko ƙofar bankin ban taɓa takawa ba.

Na tare shi a zaure. "Yaya, wa ya sa mini hannu?"

"Kai, rage murya, Inna na ji. Jingina ce fa, ba sayarwa ba. Kayana na isowa daga Legas zan fanso."

Kaya ba su iso ba. Banki ya sayar da gidan ga wani malamin makaranta mai ritaya, mutumin kudancin Kaduna. Mutumin kirki ne, ba zan yi masa ƙarya ba. Da ya ga tsohuwa sai ya ce da irin Hausarsa, "Mama ya zauna a ɗakinsa, ba komai." Ya bar mana ɗaki biyu muna biyan haya a gidan ubanmu.

Na ce zan kai ƙara. Inna ta riƙe mini hannu. "Muddin ina numfashi, ba za ka tsaya gaban alƙali da ɗan'uwanka ba." Na haƙura. A raina na ce, ai jingina ba ta gudu, ko yaushe na tashi zan same ta.

Inna ta yi tsawon rai, Allah Ya jiƙanta. Bayan sadakar arba'in na je wurin lauya. Ya saurare ni, ya ce sa hannun ƙarya babban laifi ne. Sai ya tambaya, "Malam, yaushe ka fara sani?"

"Tun ranar da 'yan banki suka zo."

Ya ajiye biro. "To duk shekarun nan me kake jira?"

"Uwata nake jira ta mutu." Haka na faɗa masa, don gaskiyar ke nan.

Ya ce doka tana ba mutum wa'adi, daga ranar da ya gane an cuce shi ake fara lissafi, nawa kuwa ya wuce. Na nace, aka shigar da ƙarar, har da malamin da ya sayi gidan a ciki. Alƙali ko sa hannun bai duba ba. Bai ce ba ni da gaskiya ba, cewa ya yi na makara.

Malamin makarantar ya ji haushi na kai shi kotu, kuma ban ga laifinsa ba. Ya ce ɗansa zai yi aure, yana bukatar ɗakunan. Na kwashe iyalina muka koma haya a Maitumbi.

Yaya ne ya kawo motar da ta ɗauki kayanmu. Ya kama katifa gefe ɗaya, na kama ɗaya, muka ɗora. Ba wanda ya kalli wani.