Ga-rami da Rediyon Matarsa

A tashar mota an manta da ainihin sunansa, kowa Ga-rami yake ce masa. Direban bas ne, kuma Allah ya hore masa baki. Yana tuƙi yana sanar da fasinja abin da ke gaba: ga rami, ga kwana, ga akuya za ta tsallaka. Masu son gyangyaɗi su yi ta tsaki, shi ko a jikinsa.

Abin ya samo asali tun yana ƙarami. Kakarsa ce ta rene shi, idonta kuwa ya tafi tun kafin a haife shi. Ya tashi hannunta na kan kafaɗarsa, yana gaya mata inda kwata take da inda aka bar bokiti. Ran da ya shagala da kallon ƙwallo, ta faɗi ta fasa gwiwa. Ba ta dake shi ba, ta dai ce idan ya yi shiru duniya ɓace mata take yi. Tun daga ranar bakinsa bai huta ba.

Matarsa ta sha fama. Takan ce ita rediyo ta aura, wanda ba a yi masa makashi ba. Ko shayi zai miƙa mata sai ya ce ga kofi, da zafi, mariƙin yana dama. Ita kuma ta tuna masa cewa tana da ido.

Sai ciwon sukari ya ɗauke idon. Ta shige ɗaki ta ƙi fita ko tsakar gida, ga tsoron faɗuwa ga kunyar maƙwabta. 'Ya'ya suka yi lallashi har suka gaji. Shi kuwa da ya ga ana ambaton ido take kuka, sai ya kama bakinsa. Gida ya yi tsit, ta ƙara lafewa a gado tana ramewa. Tsoro ya kama shi ƙwarai, kada ɗakin nan ya cinye masa ita.

Wata safiya ya ajiye mata shayi bai ce uffan ba. Ta laluba, kofin ya kife.

"Malam," in ji ta, "wai ina rediyon nan nawa?"

Ya goge idonsa da hannun riga, ya ɗora tafinta a kafaɗarsa.

"Ga takalminki a dama. Ga dokin ƙofa, ɗaga ƙafa. Jikarki ta bar kujera a hanya. Lemon da kika shuka kuma ya yi fure."

"Tafi a hankali," ta ce, "amma kar ka yi shiru."