Labulen Jirgin Sama

Ranar Lahadi ce, mako guda bayan Babbar Sallah, a tsakiyar shekarun tamanin, da misalin ƙarfe huɗu na yamma. Muna shagon hoton kawuna a unguwar Maamobi, cikin Accra. Akwai shi kansa, da matarsa, da mahaifiyata wadda ƙanwarsa ce, da ni. Sai amininsa, wani tela Bazabarme mai shago a jikin nasa, wanda ba a gayyata ba amma ya shigo da bencinsa. Abin da ya tara mu ɗaya ne. Kawu yana ta ramewa, yana shan ruwa ba ƙaƙƙautawa, ga gyambo a babban yatsan ƙafarsa da ya ƙi warkewa, kuma ya ce ba zai je asibiti ba.

Ba tsoron allura ya hana shi ba. Ra'ayi ne, kuma a shagon nan ya same shi.

A bangon shagon akwai wani labule da aka zana wa jirgin sama da matakalarsa. Baƙin da suka zo Accra neman abinci, daga Nijar ko Mali ko Arewa, sukan ari kwat da agogo a wurin kawu, su tsaya gaban labulen, a ɗauke su, su aika gida don dangi su ga an ci gaba. Mutum bai taɓa wuce Kasuwar Makola ba, amma a garinsu ana cewa ya hau jirgi. Kawu ya yi shekaru yana kallon wannan ta cikin kyamara, har ya yanke cewa duniya duka haka take. A cewarsa Allah ya gama halitta tun farko, cikakkiya, babu abin da zai ƙaru ko ya ragu. Mutum yana tsaye wuri guda. Yarinta da tsufa, arziki da talauci, lafiya da ciwo, duk labule ne ake ja a bayansa, ido kuma sai ya ɗauka shi ne ya motsa. Hoto kaɗai ya yarda da shi, domin hoto yana nuna abu a tsaye, yadda yake a gaskiya.

Mutanen unguwa ba su ɗauke shi mahaukaci ba. Yana salla a kan lokaci, aikinsa yana kyau. Telan ya taɓa tambayarsa, in lokaci ba ya tafiya, me ya sa yake tashi salla sau biyar. Ya ce labule biyar ne, kuma Mai su ya ce a gaishe shi a gaban kowanne. Ni ma ina yaro na ji daɗin maganar. Na daina jin daɗinta ranar da na ga ƙudaje suna bin ƙafarsa.

Mahaifiyata ce ta fara. “Yaya, ka ji tsoron Allah. Ƙafar nan wari take yi.”

“Hancinki ne ake ja wa labule,” in ji shi.

“To a ja maka na asibiti mana!”

Telan ya ce, “Malam, ni na ɗinka maka rigar nan. Da can ka cika ta. Yanzu sai ka ce an rataye ta a ƙusa.”

“Kai dama awo ne sana'arka. Mai awo kullum yana ganin bambanci, in bai gani ba ba zai ci abinci ba.”

Na kawo nawa bayanin a tsare, dalili bayan dalili, kamar mai karanta labarai. Ya saurare ni har ƙarshe, ya yaba Hausata, ya ce in miƙo masa butar ruwa.

Daga nan matarsa ta gaji da sauraro. Mai sayar da koko ce da ƙosai, ba ta da haƙurin muhawara. Ta tashi ta shiga ciki, ta fito da wani gwangwanin biskit. Al'adar gidan ce duk Babbar Sallah, bayan an gama da masu biya, kawu ya jera iyalinsa gaban labulen jirgin, ya saita kyamara, telan ya danna. Waɗannan hotunan ne a gwangwanin. Ta jera su a kan tebur bi da bi, daga na shekarun baya zuwa na makon jiya.

“Maigida, ni ban yi karatu ba. Kai ka ce hoto ba ya ƙarya. Duba min jirgin nan. Ya tashi?”

“Bai tashi ba.”

“Ya rame?”

Kawu ya matso kusa da tebur. Ya sa tabarau ya sunkuya. Mu ma muka matso. Labulen yana nan yadda yake a kowane hoto, har da tabon ruwa a gefen fiffike. A hoton shekarar da aka yi yunwa a ƙasar kowa ya zube, ƙasusuwan wuya a waje, babba da yaro. A na gaba kumatun yara sun dawo, matarsa ta cika zanenta. Shi kaɗai ya ci gaba da ƙanƙancewa, hula tana neman rufe masa kunne.

Ya daɗe yana kallo. Daga nan ya ɗauki na ƙarshe ya kai shi bakin ƙofa wurin haske, kamar mai neman kuskuren wankin hoto. Shi ya wanke shi, ya san babu.

“Hasken ranar nan bai yi kyau ba,” ya ce a hankali.

“Hasken bai ci naman kowa ba sai naka?” in ji matarsa.

Na yi zaton zai yi fushi, ko ya kore mu, mu koma inda muka fara. Sai ya zauna, ya cire tabarau, ya dubi telan.

“Ni ba zan je asibiti ba,” ya ce. Mahaifiyata ta buɗe baki, ya ɗaga mata hannu. “Amma in an kawo mota na zauna a ciki, aka ja Maamobi baya, aka jawo asibiti gabana, wannan ba ruwana. Ina inda nake.”

Telan ya yi dariya har da buga benci. Mahaifiyata ta zauna a ƙasa, ta rufe fuska da mayafi tana hamdala. Ni kuwa sai a lokacin na lura tun azahar ban ci komai ba, kuma yunwa nake ji sosai. Matarsa ta tattara hotunanta, ta rufe gwangwani, ta ce in je in yi magana da mai taksin layinmu kafin ya canza ra'ayi. Kawu ya ce ra'ayi ba ya canzawa.

Washegari da safe muka tafi. A hanya yana gaban mota yana yi wa direba bayani cewa ba tuƙi yake ba, direban yana cewa to, Alhaji. Likita ya ce ciwon sukari ne, kuma da an ƙara jinkiri da ƙafar duka za a cire. Yatsa ɗaya aka yanke. Aka hana shi sukari a koko da shayi, abin da ya fi yankan ɓata masa rai.

Bai taɓa janye ra'ayinsa ba, amma bai taɓa tsallake ranar ganin likita ba. A hoton Sallar da ta biyo baya hular ta zauna daidai a kansa. Ya ci gaba da aiki a shagon har ƙarshen shekarun casa'in.