A Tayar da Injin Gwadabe

Gaji ta shekara arba'in da ɗoriya a ɗaki guda a Ajingi, ɗakin ƙasa da mijinta ya gina mata kafin ya rasu. A ciki ta haifi 'ya'ya bakwai, huɗu suka rayu. Ƙuli-ƙuli da man gyaɗa take yi, ta fitar ranar kasuwa. Ba ta da fara'a, ba ta kuma da rigima. Tun muna amare na san ta, ban taɓa jin ta kai ƙarar kowa ba sai da Gwadabe ya kawo injinsa.

Gwadabe ɗan maƙwabcinta ne, ta sha goya shi yana jariri. Ya sayo injin niƙa mai shan gas, ya kafa shi a bayan ɗakinta, tsakaninsa da bango bai kai kamu biyu ba. Daga hantsi har la'asar sakaliya ɗakin rawa yake yi. Kwanuka na zamowa daga kan kabad, hayaƙi na shigowa ta taga. Cikin wata uku bangon ya tsage, tsagar da hannu zai shige.

Ta yi masa magana, ya ce ta yi haƙuri, abinci yake nema. Mai unguwa ya kira shi, ya yi alkawarin da bai cika ba. 'Yan sanda suka ce ba sa taɓa sana'ar mutum sai da takardar kotu. Sai ta nufi kotu, ni na raka ta. Roƙonta ɗaya ne, a umarci 'yan sanda su raba ɗakinta da injin kafin damina, don ta san bangon ba zai jure ruwa ba.

Zama huɗu aka yi. Alƙali ya aiko aka duba tsagar, ya ba ta gaskiya, magatakarda ya rubuta cewa a tayar da injin cikin kwana bakwai, 'yan sanda su tabbatar.

A kwana na takwas wani kofur ya zo da takardar. Gwadabe ya karanta a tsanake, ya shiga rumfa ya murza injin, ya kama aiki.

"Yallaɓai, ga shi na tayar," in ji shi. "Ai kullum ma ina tayarwa, ban taɓa fashi ba."

Masu jiran niƙa suka yi dariya, kofur ma ya kau da kai yana murmushi. Gaji ba ta ɗaga murya ba.

"Gwadabe, ni za ka yi wa haka? Kana wurin lokacin da alƙali ya yi magana."

"Iya, ni dai abin da aka rubuta na gani."

Kofur ya ce shi ma ya san abin da ake nufi, amma ba zai tumɓuke injin mutum da takarda mai baki biyu ba, gobe a ce ya wuce iyaka. Ya ce mu koma kotu a rubuta "a ɗauke" maimakon "a tayar".

Muka koma. Ranar farko alƙali ya tafi taro. Ta biyu aka ce magatakarda ba shi da lafiya. Ta uku aka ba mu mako uku, saboda gyaran kalma ɗaya.

Saura kwana huɗu mako ukun ya cika, ruwan farko ya sauka. Washegari da azahar, tana tsakar gida tana suya, bangon ya rufta ciki, ya danne gadonta da akwatinta. Takardar da aka gyara ta fito a ranar da aka sa. 'Yan sanda biyu suka zo suka tsaya aka ɗauke injin zuwa tsallaken titi, ba gardama.

Yanzu Gaji tana Gafasa wurin 'yarta Hussaina, a gidan suruki. Ta ce mini ba ta iya cin abinci in yana gida, sai ta jira ya tafi gona.