Lowell Pruitt, Majinyacin Aro

Kowace Talata da Alhamis, ƙarfe takwas saura kwata, Mista Lowell Pruitt yakan sauko daga bas a ƙofar makarantarmu ta likitanci a nan Cleveland, da kofin shayinsa a hannu. Sai a miƙa masa takarda: ga sunanka na yau, ga ciwonka, ga abin da za ka ɓoye sai an tambaye ka. Ya karanta, ya sa rigar majinyata, ya hau gado, ɗalibai su riƙa shiga ɗaya bayan ɗaya suna koyon aiki a kansa. Shekara ashirin da shida yana wannan.

Ɗan wasan kwaikwayo ne. Ya yi wasan dandali a Chicago, ya fito a fim sau tara, kullum a matsayin mai gadi ko direban tasi. In ka sunkuya ɗaukar gugguru, to ya wuce. Amma rabin likitocin garin nan a gabansa suka fara rawar baki.

Ranar walimar sallamarsa kowa da sunan majinyacin aron da yake kiransa da shi. Wani likitan ƙashi ya riƙe hannunsa yana cewa, "Mista Dunlap, yaya ƙodar?" Wata kuma ta yi masa ta'aziyyar matarsa, alhali bai taɓa aure ba. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Na gode, 'yata, mace ce ta kirki." Na rasa dariya zan yi ko kuka.

Ina ɗaliba aka tura ni in gaya masa, a darasi, yana da ciwon daji. A tsaye na faɗa, hannuna a kan ƙofa, na jero manyan kalmomi kamar mai karanta jarida. Ya dube ni ya ce, "Likita, ina na ajiye motata?" Na daburce, don babu mota a darasin. Bayan an tashi ya ce mini, "Ke Whitlow, wanda aka gaya wa haka ba ya jin sauran. Motarsa yake nema. Ki zauna, ki yi shiru, ki bar shi ya nemo ta."

Kai ne ka koya mana zama, Mista Pruitt. Kai ne ka mutu mana sau ɗari, don kada mu koyi aikin a kan mai mutuwar gaske.

A watan Afrilun da ya wuce, ni ma na zama malama, ina laɓe bayan gilashi ina ba ɗalibai maki, ya yi wasan da ban taɓa ganin irinsa ba. Ya manta ranar, ya tambayi ɗalibar sunanta sau uku, ya tsaya yana kallon igiyar rigarsa kamar bai san amfaninta ba. Abokin aikina ya ce, "Tsohon nan ya fi ƙarfin fim." Sai na duba takardar ranar. Gyambon ciki aka rubuta masa, ba ciwon mantuwa ba.

Kwana goma ina juya abin a raina. Wasa ne? Gwada mu yake, kamar yadda ya saba? Mutumin da sana'arsa ciwon ƙarya, ta ina za ka gane na gaskensa? Na lallaɓa shi aka yi hoton ƙwaƙwalwa. Sakamakon ya zo hannuna, kuma ban taɓa jin tsoron wata ƙofa kamar ta ɗakin da yake jirana ba.

Na gaya masa ciwon mantuwa ne ya kama shi. Ya daɗe yana duban bango, kamar mai neman gilashin da muke laɓewa.

"Whitlow, wannan na gwaji ne ko na gaske?"

"Na gaske ne, Mista Pruitt."

"To, matso da kujerar. Wannan karon ba wanda ya rubuta mini abin da zan ce."

Shi ya ce in rubuta wannan tun yana iya karantawa. Mun gode, Lowell, da sunanka na gaskiya. Ku kuma da kuka koyi aiki a jikinsa, yana gidansa, Talata da Alhamis ba ya zuwa ko'ina yanzu. Ku je ku zauna. In ya tambayi sunanku sau uku, ku faɗa masa sau uku.