Ranar da Na Zauna a Hagun Kawu

Shekarun baya, lokacin ina koyarwa a wata firamare a Gumel, na yi wani kishi da har yau in na tuna sai kunya ta kama ni. Ba kishin mota ba, ba na gida ba. Kishin buzu ne. Eh, fatar rago wadda rabin gashinta ya riga ya zube.

Buzun na kawuna ne, yayan mahaifiyata, da ke zaune a Gagarawa. Shi kaɗai ya rage cikin wasu dattawa da mutanen gari ke kira 'yan sauya mazauni. Ra'ayinsu shi ne ido ba ya gani shi kaɗai, sai ya haɗa da inda mai shi ke zaune da abin da ke ransa. Don haka babu mutum biyu da suka taɓa ganin abu ɗaya, Allah ne kaɗai ke ganin abu yadda yake. Kawu ya ce abin ya samo asali daga wasu mahaƙan rijiya biyu a wajen Sule Tankarkar. Na ciki yana cewa duhu ya yi a tashi, na baki yana cewa da sauran rana, har suka kusa dambe, sai da suka yi musayar wuri kowa ya yi shiru. Daga nan ƙa'idar ta fito: in kun saɓa da mutum, ka tashi ka zauna inda yake, ka faɗi abin da ka gani. Babbansu shi ke zama kan buzun, shi ake kawo wa rigima ya raba, kuma shi ke zaɓar wanda zai gaje shi.

Mu biyu muka nace wa Kawu, ni da abokina na ƙuruciya, dillalin awaki a kasuwar Maigatari. Kowace Juma'a bayan la'asar muna gindin tsamiyar ƙofar gidansa, ni a damansa, abokina a hagu. Shekara huɗu muna haka. Na cika littafi uku da maganganun Kawu, na haddace su tsaf. Abokina kuwa bokonsa bai wuce aji uku ba, ko biro ba ya zuwa da shi. Ni dai a raina na riga na gama naɗe buzun na ɗaure a bayan babur.

Abu ɗaya ne ke ci mini tuwo a ƙwarya. In abokina ya buɗe baki, ko da labarin akuya ne, sai Kawu ya karkata wajensa har hularsa ta kusa taɓa kafaɗarsa. Ni kuwa in na kawo magana mai nauyi, wadda na yini ina shiryawa, sai ya zuba mini ido kawai kamar mai kallon bango. Haka zan hau babur in dawo Gumel ina ta ƙunƙuni ni kaɗai a hanya.

Rannan Kawu ya faɗa a gaban mutane cewa bayan ransa abokina ne zai hau buzun. Na ce Allah ya sa albarka, amma wallahi bakina ne kawai ya faɗa. Juma'a uku ban je ba, na ce babur ne ya lalace. Na kai ƙara wajen mahaifiyata, ina cewa ƙanen uwa ko yayanta ai nasa ya kamata ya fara dubawa. Ta saurare ni har na gama, sannan ta ce in fata nake so in yi haƙuri, za ta ajiye mini ta ragon layya.

A Juma'a ta huɗu na je na amayar da komai. Na ce shekara huɗu ina kallo, kunnensa da zuciyarsa duk suna hagu.

"Ka gama, malam?" in ji Kawu. "To tashi, ku sauya."

Ni da littafi uku, sai da aka tuna mini ƙa'idar. Na koma hagu, abokina ya koma wurina, Kawu ya ce in yi magana. Ina farawa ya karkato wajena kamar yadda ya saba. Ashe daga nan ba ka ganin komai sai kunne da gefen hula da ƙeya. Fuskarsa gaba ɗaya tana wajen wanda ke dama. A ranar na san kunnensa na dama ya daɗe da mutuwa. Na hagu yake miƙa wa mai zaman hagu, mai zaman dama kuwa dole sai Kawu ya kafe bakinsa da ido don kada kalma ta wuce shi. Kallon da nake cewa na bango ke nan.

Ya tambaye ni me na gani. Na ce, "Ƙeyarka, Kawu."

Abokina ya yi dariya har da hawaye. Ya ce shi ma da farko haushina yake ji, yana cewa ɗan 'yar'uwa ya samu fuska, shi bare an bar shi da ƙeya. Sai na ji sanyi a raina, har na fara tunanin ko za a sake lissafin buzu. Na ce to tunda haka ne, me ya sa shi?

Kawu ya ce, "Tun shekarar farko, wata Juma'a da ba ka zo ba, ya roƙe ni ya zauna a wurinka ya gani. Babu wanda ya sa shi. Kai kuwa, ɗana, sai yau, kuma sai da na ce ka tashi."

 

Kawu ya rasu bayan damina biyu, Allah ya jiƙansa. Abokina ke kan buzun yanzu, kuma gaskiya ya iya, na sha ganin masu rigimar iyakar gona sun tashi daga gabansa suna musabaha. Littattafaina uku suna cikin akwati, gara ta ɗan taɓa na biyun.

Ba zan yi muku ƙarya in ce kishin ya mutu ba. Har yau in na ga ya warware buzun nan ya shimfiɗa, sai kishin ya motsa. Sai dai yanzu in ya motsa, ba na jira a ce mini tashi.