Sunan da Ya Jira Shekara Goma Sha Ɗaya

Kowace Talata jirgin ruwan safe ba ya barin garin Takamatsu na ƙasar Japan sai da Kuwahara Sumie a ciki, ƙunshin shinkafa a cinya, ta nufi tsibirin da aka killace masu cutar kuturta tun zamanin kakanninmu. Shekara talatin da huɗu tana shirya fim. Ita ke nemo ma'aikata, ita ke lallashin gidajen sinima, ita ke shan zagi. A watan nan ta rufe ofis, idanu sun gaza.

Dokarta ɗaya ce, fim ba ya fita sai duk wanda abin ya shafa ya yarda. Abokan sana'a har dariya suke mata, wai ta mai da fim neman aure.

A tsibirin nan, ranar da aka kawo mutum yakan ajiye sunan gidansu ya ɗauki na aro, don kada a guji danginsa. Wani tsoho da ake kira Minoru, wanda Sumie ke shirya fim a kan rayuwarsa, ya shekara sittin da sunan aro, ya ce ya gaji.

"Ke yarinya, ki rubuta na gaskiya a ƙarshen fim ɗin nan. Manya-manya fa, ba irin rubutunki na ƙafar kaza ba."

"To Baba, amma sai ƙanwarka ta amince. Sunan gidanku ne, ba naka kaɗai ba."

"Chiyoko? Tab! Ai ke da aiki."

Aiki kuwa ta same shi. Duk sabuwar shekara takan je ƙofar Chiyoko da kwandon lemo, ta rusuna, a ce mata, "Baiwar Allah, ina da jikoki mata. Wa zai aure su?" Ta ajiye lemon ta juya. Daraktan fim ɗin ya yi fushi ya tafi, fim na kwance a akwati. A shekara ta tara tsohon ya rasu bai ga sunansa ba. Wanda ya raka ta jana'iza ya ce har aka watse ba ta ɗaga kai ba. Wannan abu yana cin ta har yau, mu ma yana cin mu.

A ta goma sha ɗaya, Chiyoko ta buɗe ƙofa ta ce, "Ke kam ba kya gajiya? Shigo."

Ranar nuna fim, da sunaye suka fara hawa allo, Sumie ba ta iya ganinsu. Chiyoko ce a gefenta ta karanta mata da ƙarfi: "Okabayashi Seiji. Yayana ne." Washegari Chiyoko ta hau jirgi ta ɗauko tokarsa zuwa kabarin iyayensu.

Sumie, ke ce mai haƙurin da ya dafa dutse, ko da yake wanda aka dafa dominsa bai sha romon ba. Mun gode. Ku masu kyamara, kafin ku ɗauki labarin mutum, ku je ƙofarsa ku tsaya, ko za a shekara ba a buɗe ba.